Morten Tyldum da Hukuncin Mai Ɓoye Sirri

An haifi Morten Tyldum a birnin Bergen na ƙasar Norwe a shekarar 1967, ya kuma yi karatun sinima a Amurka. Wanda ya bi ayyukansa ɗaya bayan ɗaya zai tarar da mutum guda yana ta dawowa cikin tufafi dabam-dabam: namiji mai wayo, mai ɓoye sirrin da idan ya tonu rayuwarsa za ta wargaje. Ma'aunin wannan darakta shi ne abin da yake yi da mutumin nan ranar da asirinsa ya tonu.

Bayan Buddy na shekarar 2003, fim ɗin da ya fitar da sunansa duniya shi ne Hodejegerne na 2011, wanda aka ɗauko daga littafin Jo Nesbø. Jarumin, Roger Brown, gajere ne mai tsawon santimita 168, yana satar zanen hannu masu tsada domin tsoron kada matarsa ta guje shi. Tyldum bai tausaya masa ba. Sai da ya nutsar da shi cikin masai, ya raba shi da gashin kansa da girman kansa, kafin ya bar shi ya faɗa wa matarsa gaskiya. Afuwar da ya samu a ƙarshe ya biya kuɗinta, shi ya sa mai kallo yake yarda da ita.

A shekarar 2014 ya koma harshen Ingilishi da The Imitation Game, tarihin Alan Turing, masanin lissafin da ya taimaki Ingila wajen warware saƙonnin sirri na Jamus a Yaƙin Duniya na Biyu. An tsayar da fim ɗin takarar kyautar Oscar a fannoni 8, ya ci ɗaya, ta rubutun labari. Tsarinsa ba shi da makusa, amma an yi wa tarihi ƙari mai nauyi. An nuna Turing ya gano John Cairncross ɗan leƙen asirin Tarayyar Sobiyet ne, ya kame bakinsa don kada a tona nasa sirrin, alhali babu shaidar da ta nuna sun taɓa aiki tare. Mutumin da kotu ta hukunta a 1952 saboda hulɗarsa da namiji, wanda sai a 2013 aka yi masa afuwa bayan mutuwarsa, shi ne aka ɗora wa laifin da bai aikata ba, don kawai labari ya ƙara armashi.

Passengers na 2016 ya faɗa kishiyar wannan kuskure. Jirgin sararin samaniya ne ɗauke da fasinjoji 5,000 masu barci, a tafiyar shekara 120. Jim ya farka saura shekara 90 a isa. Da kaɗaici ya ishe shi, sai ya tayar da wata mata, Aurora, yana sane da cewa ya yanke mata hukuncin mutuwa a hanya. Wannan laifi ne da ya isa ya riƙe fim sukutum. Maimakon haka, sai jirgin ya lalace, Jim ya nuna jarumta, aka rufe maganar da soyayya. An shafa wa mara laifi kashin kaji a fim na farko, an wanke mai laifi ba sabulu a na biyu.

Talabijin ce ta mayar masa da ƙarfin zuciya. A Defending Jacob na 2020 shi ya ba da umarnin dukan kashi 8, yana kuma cikin masu shiryawa. Ana zargin yaro da kisan ɗan ajinsu, ubansa kuma mai gabatar da ƙara ne wanda ya ɓoye cewa nasa mahaifin yana kurkuku saboda kisa. Har shirin ya ƙare ba a bayyana ko yaron ya aikata ba. An bar iyayen da mai kallo cikin zullumi ɗaya.

Gwanintar Tyldum ba ta taɓa raguwa ba daga Bergen zuwa Holiwud. Abin da yake hawa da sauka shi ne adalcinsa ga mutanen labarinsa, kuma ayyukansa mafi ɗorewa su ne waɗanda ya bar laifi ya tsaya da nauyinsa.