Makaɗin da Ke Karanta Yatsun Mai Hawa

A arewacin Biyetnam, a gidajen bauta irin na Fu Zai da ke yankin Nam Din, idon kowa yana kan mai hawan iska da ke tsakiyar fili. Ni kuwa wanda ya fi burge ni shi ne na gefe, wanda ke zaune a tabarma rungume da molo mai tsirkiya biyu, ƙoƙonsa a zagaye kamar wata ɗan daren sha huɗu. Ana ce masa kung ban, kiɗan nasa kuma cau ban.

Dubi yadda aikin yake. Mai hawa zai lulluɓe kansa da jan ƙyalle yana rangaji. Da iska ya sauka sai ya ɗaga hannu: hagu idan namiji ne, dama idan mace ce, yawan yatsun kuma ya nuna matsayinsa. Daga wannan alamar kaɗai makaɗin zai gane baƙon, ya shiga taken da ya dace nan take, ba sanya. Manyan hakimai cikin iskokin ana ja musu waƙa a natse. 'Yan matan duwatsu masu koren kaya ana sakar musu kiɗa mai sauri har wurin ya kaure da tafi. Budurwar ruwa mai fararen kaya kuma, tana riƙe da filafili biyu tana tuƙi, shi yana bin kowane bugun filafilin da amon molonsa. A al'adance ana ƙirga take 36, kuma zama ɗaya yakan ci sa'o'i da yawa. Makaɗin yana kiɗa, yana waƙa, idonsa bai bar jikin mai hawa ba, abokinsa a gefe yana haɗa 'yar ganga da ƙaramin kuge da katakon bugu shi kaɗai. In waƙar ta ratsa iskan, sai a miƙo musu kuɗi a tsakiyar baiti. Duk wanda ya san mai garaya a fagen bori ya san nauyin wannan aiki.

Bayan 1954 gwamnatin kwaminis ta ce camfi ne, ta hana. Kafofin gwamnati suka ɗauki karin waƙoƙin suka sa musu kalmomin yabon juyin juya hali. Masu abin kuwa suka koma yi a ɓoye, cikin dare, da murya ƙasa-ƙasa, suna koya wa na baya baki da baki. Ci gaba da rera taken a wancan zamani shi kansa bijirewa ne, kuma ya buƙaci ƙarfin zuciya.

Sauye-sauyen da gwamnatin ta fara a 1986 suka sassauta lamarin a hankali, har a 2016 UNESCO ta sa wannan al'ada ta bautar iyayen alloli mata cikin kayan gadon ɗan'adam. Yabon nan, a ganina, rabin sa na makaɗan da suka riƙe take 36 a ka ne lokacin da rera su laifi ne.