Kogin Kaduna Yana Jiran Marubuci

Ku 'yan makaranta, duk wanda ya karanta Ruwan Bagaja na Malam Abubakar Imam, wanda aka buga a 1934, ya san yadda Alhaji ya keta ƙasashe yana neman wani ruwa mai magani. Littafin ya yi armashi, ba mai musu. Amma ruwan nan na hikaya ne. Kogin Kaduna kuwa, wanda ke ratsa Zungeru, ba nisa da Kagara inda aka haifi Malamin, bai sami irin wannan gata ba.

Littattafan tarihi ma ba su yi masa adalci ba. Galibi sukan fara labarinsa daga Gwamna Lugga: ya kafa hedkwata a Zungeru cikin 1902, aka komo da ita Kaduna cikin 1917, ke nan. Sai ka ce kafin zuwan Turawa kogin ba ya gudu! Alhali Gwari sun daɗe suna noma a bakinsa, Nufawa suna su a ƙarshensa. Ya taso daga tsaunukan Jos, ya haɗiye Galma ta Zariya, ya faɗa Kwara wajen Pategi. Ina tatsuniyoyin mutanen nan? Ina labarin ƙauyukan da madatsar Shiroro ta tasa kafin buɗe ta a 1990?

To, mu na Kawo, aiki ya same mu. Ku tambayi tsofaffi tun suna da rai, ku rubuta. Kowa ya bar gida, gida ya bar shi.