Kwanakin ƙarshe na Oakland: faifan da ya yi wa birni ta'aziyya tun yana raye

A shekarar 2016 ne mawaƙin nan Ba'amurke Xavier Dphrepaulezz, wanda aka fi sani da Fantastic Negrito, ya fitar da faifansa mai suna The Last Days of Oakland, wato kwanakin ƙarshe na birnin Oakland. Sunan kaɗai ya isa ya tsayar da mai sauraro, domin birnin bai rushe ba, kuɗi ma ƙara kwarara suke yi cikinsa. Abin da ke mutuwa shi ne zaman mutanen da suka raya shi.

Oakland na jihar Kalifoniya ne, ruwa kawai ya raba shi da San Faransisko. Baƙaƙen fata daga Luwiziyana da Tekzas sun cika shi lokacin yaƙin duniya na biyu don aikin ƙera jiragen ruwa, suka zo da kiɗansu na buluz. A nan Huey Newton da Bobby Seale suka kafa ƙungiyar Black Panther a 1966. A ƙidayar 1980 baƙaƙe sun kai kashi 47 cikin 100 na mazauna birnin; a ta 2010 sun koma kashi 28. Da ma'aikatan kamfanonin kwamfuta suka tsallako neman gida, sai haya ta hau, ɗan unguwa ya zama baƙo a ƙofar gidansu.

Mawaƙin ya san birnin ciki da bai, yana ɗan shekara 12 ya fara zama cikinsa. Ya fitar da faifai a 1996 bai samu karɓuwa ba, sannan hatsarin mota a 1999 ya kwantar da shi makonni uku bai san inda kansa yake ba, ya kuma nakasa masa hannu. Wannan tarihi ana jin sa a kiɗan. Ba ya gudun yatsa a kan gita irin na masu nuna gwaninta. Tafi da dukan ƙasa da amshi su ne ginshiƙi, kamar waƙoƙin aikin gayya. Wanda ya taɓa jin mata na daka suna waƙa zai gane dabarar: nauyin aiki ne ke ba waƙa taki.

Waƙar Working Poor ita ce ƙofar shiga, tana magana kan wanda ke aiki dare da rana, albashi ya ƙare kafin wata. Amma zuciyar faifan tana cikin In the Pines, tsohuwar waƙar gargajiya da Lead Belly ya shahara da ita. Ya bar mata karinta, ya sauya mata labari, ta koma makokin uwa da ta yi renon ɗa ita kaɗai, ɗan sanda ya harbe shi. A birnin da aka kashe Oscar Grant a tashar jirgin Fruitvale ranar 1 ga Janairun 2009, babu buƙatar ya kama suna. Muryarsa kan sirance ta koma kamar ta mace, har mai sauraro ya rasa ko uwar ce ke kuka ko mai ba ta haƙuri. Nan faifan ya kai ƙololuwa.

Ba a rasa abin zargi ba. Waƙoƙin soyayya da ya cusa a tsakani suna sassauta igiyar, kuma faifan ya fi iya nuna ciwo da nuna wanda ya ji shi. Masu gidajen haya da hukumomin birni ba su fito fili ba. Muryoyin mutanen titi da ya saka tsakanin waƙoƙi sun ɗan cike giɓin, sai dai gajeru ne ƙwarai.

Akwai kuma abin da ke da wuyar haɗiya. Gasar gidan rediyon NPR ta 2015 ce ta ɗaga shi, faifan kuma ya ci kyautar Grammy a 2017. Da yawa daga masu tafa masa a zauren kiɗa irin mutanen da ke iya biyan sabuwar hayar ne, waɗanda aka yi waƙar dominsu kuwa sun riga sun kwashe kayansu zuwa garuruwan bayan gari irin su Antioch da Stockton.