David Bowie da Al'adar Mawaƙan Rok a Fim

Tun zamanin Elvis Presley masu shirya fim a Amurka suka gane cewa sunan mawaƙin rok yana cika sinima. Elvis ya yi finafinai 31, kusan duk labarinsu ɗaya: saurayi mai farin jini, budurwa, sai waƙa. Kuɗi sun shigo, amma ba kasafai ake tuna su don gwanintar wasa ba. David Bowie ya bi wata hanya dabam, domin shi ɗan wasa ne tun kafin ya tsaya gaban kyamarar fim.

An haife shi a Brixton da ke Landan a 1947, sunansa na yanka David Jones. Ya sauya suna don kada a riƙa rikita shi da Davy Jones na ƙungiyar The Monkees. A 1967 ya shiga hannun Lindsay Kemp, gwanin wasan kwaikwayo na ishara, wanda jiki ke magana baki na rufe. Wannan horon ya kai dandalin waƙa. A 1972 ya ƙirƙiri Ziggy Stardust, baƙo mai jan gashi da kwalliya, ya rayu cikin rigarsa har jama'a suka kasa bambance su. A Yulin 1973, a Hammersmith Odeon, ya sanar da ƙarshen Ziggy a gaban masoyansa.

Saboda haka da darakta Nicolas Roeg ya ba shi babbar rawa a fim ɗin The Man Who Fell to Earth na 1976, bai sha wahala ba. Ya fito a matsayin Newton, wanda ya sauko daga wata duniya da fari ya addaba don neman ruwa, ya ƙare a mashayi. Ramammen jikinsa da idonsa na hagu, wanda ƙwayarsa ta buɗe tun wani faɗa na ƙuruciya, sun yi rabin aikin.

A 1980 ya hau dandalin Broadway cikin The Elephant Man. Ba a manna masa fuskar roba ba. Da murɗe jiki da karya murya ya nuna nakasar John Merrick, wanda ya fito a matsayinsa, masu sharhi kuma suka yaba.

Daga nan daraktoci suka riƙa ba shi rawar bare: fursunan yaƙi a hannun Japanawa cikin Merry Christmas, Mr. Lawrence a 1983, Bilatus a fim ɗin Martin Scorsese a 1988, Nikola Tesla a The Prestige a 2006. Ba kullum ake dacewa ba. Just a Gigolo na 1978 ya faɗi warwas, har shi kansa yana yi masa ba'a. Labyrinth na 1986 bai mayar da kuɗinsa a sinimomin Amurka ba, sai a kaset ɗin bidiyo ya samu masoya.

Bowie bai rabu da Newton ba. A Disambar 2015 aka buɗe Lazarus a New York, wasan da ya rubuta tare da Enda Walsh don ci gaba da labarin baƙon. Ciwon dajin hanta ya yi ajalinsa ranar 10 ga Janairu 2016, kwana biyu bayan fitar kundinsa na ƙarshe, Blackstar.