Kaboyin Italiya: Yadda Sergio Leone Ya Mai da Aro Nasa

Fim ɗin kaboyi na Amurka ne tun asali, amma a shekarun 1960 Italiyawa suka ɗauke shi suka sauya masa kama. Jagoran wannan salo shi ne Sergio Leone, wanda aka haifa a birnin Rum a 1929. Ɗan gado ne, domin mahaifinsa darakta ne tun zamanin fim marar magana.

A kaboyin Amurka, jarumi tsaf yake, mai gaskiya, mai kare doka da raunana. Na Leone kuwa ba aski, ba fara'a, kuɗi ne a gabansa. A fim ɗin A Fistful of Dollars na 1964, baƙo ne ya shigo gari, ya tarar da gidaje biyu suna gaba, ya riƙa haɗa su faɗa yana karɓar lada daga kowane ɓangare.

Ƙarancin kuɗi ne ya tsara yawancin salon. A Sifen aka yi ɗauka, musamman hamadar Almería, saboda araha. Clint Eastwood, jarumin fim ɗin 1964, a lokacin ɗan wasan talabijin ne, ba tsada. 'Yan wasan kowa da harshensa, sai daga baya a ɗora murya. Leone ya rage surutu, ya bar fuska ta yi magana: kyamara ta matso har sai ido ya cika allo, a daɗe ana kallon-kallo, harbin kuma ya ƙare cikin ƙiftawar ido. Gurbin maganar kuwa, mai tsara kiɗa Ennio Morricone ya cike shi da fito da jita da ƙarar bulala. A Once Upon a Time in the West na 1968 ma, kiɗan aka fara tsarawa, ana kunna shi a wurin ɗauka.

Labarin fim ɗin 1964 ba na Leone ba ne. Daga Yojimbo na Akira Kurosawa, fim ɗin Japan na 1961, ya kwaso shi ba izini. Kamfanin Toho, mai fim ɗin Yojimbo, ya kai ƙara, aka sasanta da biyan kuɗi. Salon yana da wasu aibobin: zubar da jini ya yi yawa, mata kuma ba su cika samun rawar kirki ba, in ban da Claudia Cardinale a fim ɗin 1968. Masu kwaikwayo suka yi caa, kasuwa ta cika, kafin ƙarshen shekarun 1970 salon ya mutu.

Leone ya rasu a 1989, amma har yau ana nazarin aikinsa, domin abin da ya ara ya zuba masa idonsa da kunnensa. Masu shirya fim a Kano, waɗanda aka daɗe ana zargi da kwaikwayon Indiya, su lura: aro ba laifi ba ne, in an nemi izini, kuma mai aron ya ƙara nasa.