Makaɗin Fiyano: Hannun da Ba a Gani a Fina-finan Hausa

Daga tashar motar Ƙanƙara zuwa kasuwar Sheme ta Faskari, har rumfunan masu cajin waya a Sabuwa, da wuya mutum ya yi tafiyar minti biyar bai ji waƙar fim ba. Kowane yaro ya san muryar Nura M. Inuwa da ta Umar M. Shareef, ya san jarumin da ya hau waƙar. Amma in ka tambaye shi wa ya buga kiɗan, sai ya yi shiru. Wannan mutum da aka manta da shi, makaɗin fiyano, shi ne ginshiƙin abin da ake kira waƙoƙin nanaye.

Sana'ar ta taso ne tare da fim ɗin bidiyo, wanda ya soma da Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a Kano a 1990. Masu shirya fim na lokacin matasan birni ne da suka tashi da kallon fina-finan Indiya, ba su da kuɗin ɗaukar ayarin makaɗa, kuma kiɗan gargajiya sana'ar gado ce mai nata ƙa'idoji. Mafita sai ta zo daga Japan: fiyanon Casio da na Yamaha, masu ɗauke da amon kayan kiɗa iri-iri a cikin akwati guda. Nasir Usman Ishaq Gwale na cikin waɗanda suka share fagen, sannan irin su Alee Baba Yakasai da Mukhtar Kwanzuma suka biyo baya. Ɗakin kiɗa na Iyan-Tama ya zama makaranta ga da yawa. Da fim ɗin Sangaya ya fito a 1999 da amo mai kama da sarewa da ganga, sai kasuwa ta buɗe, kowane furodusa ya ce shi ma irin wannan yake so.

Yadda aikin ke gudana shi ya bayyana ƙarfinsa da rauninsa. Mawaƙi ne ke shigowa da baitoci da karin murya, ya rera, makaɗi ya saurara da kunne, ya laluba madannai har ya kamo karin. Sai ya shimfiɗa ganga, ya ɗora bes, ya saƙa sarewa a tsakanin baiti da amshi. Ba rubutun kiɗa, ba takarda. Kunne ne da ƙwaƙwalwa, kamar yadda makaɗan kalangun Mamman Shata suka riƙa bin bakinsa. Wannan ƙwarewa ce ta gaske, kuma ita ta sa kiɗan ya zauna daram a kan karin harshen Hausa.

Raunin yana wajen kiɗan da ke rakiyar labari. A Japan, makaɗi Joe Hisaishi ya yi wa darakta Hayao Miyazaki kiɗan fina-finansa tun 1984, a Indiya kuwa fim ɗin Roja na 1992 ya ɗaga sunan makaɗi A. R. Rahman. Waɗannan suna zama da darakta, su san inda kiɗa zai yi kuka da inda zai yi shiru. A wajenmu sau da yawa sai an gama ɗaukar fim mai tacewa ya ɗauko wani amo da ya tsinta ya liƙa, ko ya dace ko bai dace ba.

Fina-finai masu dogon zango irin su Daɗin Kowa da Kwana Casa'in da Labarina sun rage rawa da waƙa, sun bar fili ga kiɗan rakiya. Dama ce ta samu. Ya kamata a shigo da makaɗi tun ana rubuta labari, a biya shi haƙƙinsa, a rubuta sunansa inda ido zai gani. A kuma gayyato masu kukuma da gurmi da gangar noma da ke raye a ƙauyukan kudancin Katsina cikin ɗakin kiɗa, su buga da hannunsu.