Jinjina ga Masu Shayi, Gwanayen Wainar Ƙwai

Kafin a idar da sallar asuba, mai shayi ya riga ya hura wuta, ruwa na tafasa. A tashar mota ko bakin Kantin Kwari a Kano, shi ke karya wa direba da ɗan dako kumallo. Ya fasa ƙwai biyu a kofi, ya yanka albasa da attarugu, ya barbaɗa gishiri da Maggi, ya kaɗa da cokali mai yatsu, sai cikin kasko. Kafin shayi ya huce, waina ta shige tsakiyar burodi. Wanda ya wayi gari ba ko sisi, sau da yawa mai shayi yakan ɗaga masa ƙafa zuwa gobe. Masu shayi, sannunku da ƙoƙari. Allah ya ƙara kasuwa.